Wasiƙa ga Auta Kan Furta Zunubi

Auta 'yata,

Takardarki ta iso, kuma tambayar da kika maƙala a ƙarshenta ita ta zaunar da ni da biro yau. Kin ce Sista ta shaida muku Fada zai zo sauraron furcin zunubi kafin Ista, ke kuwa abin ya tsaya miki a rai. Tun da Allah ya san komai, me za ki gaya masa da bai sani ba? In ma dole sai an faɗa, me ya kawo ɗan Adam tsakani, alhali ƙawayenki 'yan ECWA kan durƙusa a bakin gado su roƙi gafara su tashi abinsu? Tambayar ta yi mini daɗi. Gara ki shiga layin nan kin san abin da ya kai ki, da ki shiga don gudun idon Sista. Zan amsa miki gwargwadon abin da na koya ina koyar da katikisim, da abin da na gani da idona.

Gaskiyarki, Allah ba ya jiran labari daga bakin kowa. Buɗe Littafin Farawa sura 3. Bayan Adamu da Hawwa'u sun ci daga itacen nan, sai suka ɗinka ganye suka rufe jiki, suka laɓe cikin itatuwa, Allah kuwa ya kira Adamu yana tambayar inda yake. Wanda ya dasa gonar da hannunsa ya san bayan kowane itace. Dama ce ya ba Adamu ya fito da ƙafarsa. To, ki lura da amsar da aka ba shi. Adamu ya ce matar ce ta miƙa masa, har ya ƙara da cewa ai Allah ne ya ba shi matar. Hawwa'u ta ce maciji ne ya ruɗe ta. In kika duba da kyau, babu wanda ya yi ƙarya a cikinsu, matar ta miƙa masa ɗin, macijin kuma ya ruɗe ta ɗin. Sai dai kowannensu ya jera gaskiyar yadda nauyin zai sauka a wuyan wani. Mutum yana iya zayyana abin da ya faru tiryan-tiryan, ya gama bai furta komai ba.

Dubi Sarki Dauda kuma. Ya ɗauki Batsheba matar Uriya, ya sa aka tura mijin bakin daga, aka janye aka bar shi ya mutu. Ya zauna da wannan abu har aka haifi yaron, watanni ke nan yana fita fada yana yi wa mutane shari'a. Sai annabi Natan ya zo masa da labarin wani attajiri mai garke, wanda ya ƙwace 'yar tunkiya ɗaya tilo ta wani matalauci ya yanka wa baƙonsa. Dauda ya fusata, ya ce mutumin nan ya cancanci kisa, kuma sai ya biya ninki huɗu. Idonsa garau yake muddin laifin na wani ne. Laifi tudu ne, ka taka naka ka hango na wani. Sai da Natan ya gaya masa cewa shi ne attajirin, sa'an nan ya ga inda yake tsaye. Ashe marar sani a labarin nan Dauda ne. Ya san abin da hannunsa ya aikata, amma bai taɓa yarda ya kira shi da sunansa ba. Wannan ita ce amsar rabin farko na tambayarki. Muna furtawa ne don mu ma mu san abin da Allah ya riga ya sani, mu daina jayayya da shi a kai.

Wanda ya fi kowa nitsewa cikin wannan tunani ɗan Afirka ne, Agustin. An haife shi a shekara ta 354 a Tagaste, garin da ake kira Suk Ahras a Aljeriya ta yau, ya rasu a 430 yana bishop na Hippo. Wajen 397 zuwa 400 ya rubuta littafinsa na Furci, kashi 13, kuma daga farko har ƙarshe da Allah yake magana, mu masu karatu daga gefe muke saurare. Mutum ne da ya yi shekaru yana zaman dadiro, ya bi wata koyarwa dabam, ya sa mahaifiyarsa Monika hawaye ba kaɗan ba kafin ya karɓi baftisma a Milan a 387. Amma kin san laifin da ya zauna yana tonawa shafi bayan shafi? Satar 'ya'yan itace. Yana da shekara 16, shi da abokansa suka je da dare suka kakkaɓe itacen da ke kusa da gonarsu, suka kwaso niƙi-niƙi, suka ɗan ɗanɗana, sauran suka watsa wa aladu. Ga shi ya haura shekara 40 yana tambayar kansa me ya so a satar nan. Yunwa ba ta kai shi ba, don a gida suna da waɗanda suka fi su kyau. Ya yi ta bin sawu har ya iske abu biyu: daɗin abin a wurinsa shi ne an hana, kuma da shi kaɗai ne da bai yi ba, kunyar a ce ya kasa abin da sa'o'insa suka yi ita ta ja shi.

Wasu sun yi masa dariya, wai bishop guda yana kuka kan 'ya'yan itace. Ni kuwa a nan nake ganin ya koya mana aikin. Ƙaramin laifi da aka tsaya aka duba da gaske ya fi nuna halin zuciya a kan babban laifi da aka ambata a gurguje. Ke da kike kwana ɗaki ɗaya da 'yan mata rututu kin san yadda ake taruwa a kan yarinya ɗaya ana yi mata dariya, kowa na sa baki don kada a ware shi. Itacen Agustin ke nan, yana nan a ɗakin kwananku. Ya kuma yi wata magana da nake so ki riƙe, cewa mai ƙin furci bai ɓoye wa Allah komai ba, shi dai ya tare wa kansa ganin Allah.

Na san abin da ke riƙe ƙafarki, kunya ce. Da ita aka rene mu, ni ma da ita na rene ki, kuma ba na raina ta. Addu'ar da muka fi yi wa juna ita ce Allah ya rufa asiri, shi ya sa furci ke zame mana tamkar mutum ya tona wa kansa asiri da rana tsaka. Zabura 32 ta san wannan nauyi. Mai zaburar ya ba da labarin lokacin da ya yi gum da bakinsa, yadda jikinsa ya yi ta ramewa, yana nishi, ƙarfinsa yana ƙarewa, har ranar da ya daina ɓoyo ya faɗa. Zaburar kuwa ta buɗe ne da sa wa wanda aka rufe zunubinsa albarka. Rufi biyu ke nan, wanda mutum ya yi wa kansa da wanda Allah ya yi masa. Na farkon shi ne ganyen Adamu. Na biyun yana ƙarshen waccan sura, inda Allah da kansa ya yi musu tufafin fata ya suturta su. Rufin asirin da muke roƙo yakan zo ne bayan mutum ya saki nasa, kuma ranar wanka ba a ɓoyon cibiya.

Yanzu rabi na biyu, wanda ya fi wuya. Kafin mu zo kan Fada, ki fara sanin cewa amsa laifi da baki shi kaɗai bai taɓa ceton kowa ba. Fir'auna ya amsa laifinsa gaban Musa lokacin da ƙanƙara ke zuba, da ta ɗauke sai ya koma gidan jiya. Sarki Saul ya amsa nasa gaban Sama'ila, ya ɗora shi kan tsoron jama'a, ya bi da roƙon a girmama shi gaban dattawa. Waɗannan biyu ba su da wuyar ganewa. Wanda labarinsa ya fi ta da mini hankali shi ne Yahuza Iskariyoti. Karanta Matiyu sura 27 a tsanake. Da ya ga an yanke wa Yesu hukunci, ya yi nadama. Ya ɗauki kuɗin azurfa 30 ɗin ya mayar. Ya faɗa da bakinsa cewa ya yi zunubi, ya ba da marar laifi, bai ɗora wa Shaiɗan ba, bai ɗora wa kowa ba. Babban taron Ikilisiya na Trent, a 1551, ya lissafa abu uku da mai tuba ke kawowa: nadama, da furci, da gyaran abin da ya ɓata. In aka auna Yahuza da wannan ma'auni, a ido kusan babu abin da ya rage masa. Duk da haka ya fita ya rataye kansa.

Ga abin da ya faru. Ya kai maganarsa wurin manyan firistoci da shugabannin da suka saye shi, su kuwa suka ce ba ruwansu, shi ta shafa. Ya furta, ba a amsa masa ba. Ya watsar da kuɗin a Haikali ya fita, su kuma suka zauna shawarar ko ya halatta a sa kuɗin jini a baitulmali, har suka sayi filin maginin tukwane da su. Kuɗin sun sami masu kula da su, mutumin bai samu ba. Malaman Ikilisiya sun ce nadamarsa ta rasa sa zuciya, bai yarda akwai sauran wanda zai karɓe shi ba. Bitrus ma ya yi mummunan laifi a daren da aka kama Yesu, ya yi musun sanin Ubangijinsa sau uku, har da rantsuwa, ya fita ya yi kuka mai zafi. Shi dai ya zauna cikin 'yan'uwa da kunyarsa da komai, har ya sake haɗuwa da wanda ya yi wa laifin. A bakin tekun Galili, gaban wutar gawayi irin wadda ya yi musun a bakinta, Yesu ya tambaye shi sau uku ko yana ƙaunarsa, sau uku kuma ya danƙa masa kiwon tumakinsa.

Abin da nake so ya zauna miki ke nan, Auta. Furci magana ce mai jiran amsa. Rabinsa na bakin mai laifi ne, ɗaya rabin, wanda ya fi girma, na bakin wanda aka yi wa laifi. Ba wanda ke yafe wa kansa bashin da wani ke binsa. In babu amsa, tonon zuciya azaba ce tsagwaronta, kuma wanda ya fi gaskiya shi ya fi shan ta. Tuna da yaron nan na Luka sura 15 da ya cinye gadonsa a wata ƙasa. Tun yana cikin aladu ya tsara jawabinsa, zai amsa laifi, sa'an nan ya roƙa a ɗauke shi ɗan ƙodago. Uban ya hango shi daga nesa, ya sheƙa da gudu ya rungume shi tun bai buɗe baki ba. Yaron ya faɗi laifinsa, uban ya bar shi ya faɗa, amma kafin ya kai ga maganar ƙodago an aika a kawo riga da zobe da takalmi. Rungumar ta riga furcin. Ba sayen ƙaunar Allah muke yi da furci ba, don an riga an rungume mu ne bakin ke iya buɗuwa.

To, me ya sa amsar za ta biyo ta bakin mutum? Mu Katolika muna komawa Yohanna sura 20. Da yammacin ranar tashinsa Yesu ya shiga ɗakin da almajirai suka kulle kansu, ya hura musu numfashi, ya ba su Ruhu Mai Tsarki da ikon yafe zunubai ko riƙe su. Wasiƙar Yakubu sura 5 kuma ta umarci masu bi su riƙa furta wa juna laifi, suna yi wa juna addu'a don su warke. Gafarar ta Allah ce. Fada shi ma yana da wanda yake durƙusa wa, haka Paparoma. Aikensa aka yi ya faɗi maganar da ba tasa ba. Allah da ya yi mu da kunnuwa ya san zuciyar mai laifi ba ta riƙe magana ɗaya, yau ta ce an yafe miki, gobe da tsakar dare ta ce anya kuwa. Sai kunne ya ji daga waje, da muryar da ba taki ba, a rana kaza a wuri kaza, ta yadda in shakka ta zo kina da abin nuna mata.

Bayanin da ya fi gamsar da ni a kan wannan ba daga ɗan Katolika ya fito ba. Ditrik Bonhofa fasto ne na cocin Lutheran a Jamus, wanda gwamnatin Hitler ta rataye ranar 9 ga Afrilu, 1945. A makarantar horar da fastoci da ya shugabanta a Finkenwalde ya kwaɗaitar da ɗalibansa su riƙa furta wa juna zunubi, abin da ya zo musu baƙo, shi ma ya zaɓi ɗaya a cikinsu ya furta masa nasa. A ɗan littafin da ya fitar a 1939 kan zaman tare na masu bi ya yi wata tambaya mai kaifi. Me ya sa furta wa Allah mai tsarki ya fi mana sauƙi a kan furta wa ɗan'uwa mai zunubi irinmu, alhali akasin haka ya kamata? Ya ce wataƙila sau da yawa kanmu muke gaya wa, mu kuma yafe wa kanmu, shi ya sa muke ta komawa. Gaban ɗan'uwa kuwa wannan ruɗin kai ba ya samun wurin tsayawa. A ganinsa zunubi ba abin da yake so kamar ya keɓe mutum shi kaɗai.

Kada ki ɗauki wannan ki je kina yi wa ƙawayenki gori. Wanda ya durƙusa a bakin gado da karyayyar zuciya, Allah yana jinsa. Mai karɓar harajin nan da ya tsaya daga nesa a Haikali yana bugun ƙirji, ba wanda ya saurare shi sai Allah, ya kuma koma gida baratacce. Martin Luta, wanda rigimarsa da Roma ta tashi a 1517 kan sayar da takardun sassaucin hukuncin zunubi, yana da gaskiya a kan wannan ciniki, Ikilisiya ma daga baya ta hana shi. Shi kansa bai yar da furci ba, ya sa shi cikin ƙaramin katikisim ɗinsa. Abin da ya ƙi shi ne tilastawa, da cewa sai an ƙirga kowane laifi. 'Yan Angilikan kuma tun 1552 suna da furci na bai ɗaya a littafin addu'arsu, jama'a su durƙusa su faɗa tare, firist ya sanar da gafara. Duka amsa ɗaya ake nema, a hanyar jinta ne muka rabu.

Tamu hanyar ma ta daɗe tana sauya kama. A ƙarnonin farko, wanda ya yi babban laifi bayan baftisma, kamar kisa ko zina ko musun bangaskiya, yakan shiga sahun masu tuba a idon jama'a da tsumma da toka, a hana shi Jibi, wani har shekaru, kuma sau ɗaya tak ake ba mutum wannan dama a rayuwarsa. Tatuliyan na Kartaj, a Tunisiya ta yau, ya koka wajen shekara ta 200 cewa yawancin mutane gudu suke yi saboda kunya. A 390, bayan sojojin Sarki Tiyodosiyus sun karkashe dubban mutane a Tasalonika, Bishop Ambros na Milan, wanda ya yi wa Agustin baftisma, ya hana sarkin Jibi sai da ya tuba a bainar jama'a. Abin yana da kwarjini, amma tsananinsa ya sa mutane suka riƙa ajiye tuba sai sun ga ajali ya matso. A 459 Paparoma Liyo na Ɗaya ya hana karanta jerin laifuffukan mutum a cikin taro, ya ce faɗa wa firist a asirce ya wadatar. Rahiban ƙasar Ailan ne, daga ƙarni na 6, suka yaɗa al'adar mutum ya je wurin uban ruhaniyarsa a keɓe, ko sau nawa ya buƙata. Taron bishop-bishop a Toledo ta Sifen ya yi tir da wannan sabon abu a 589, amma shi ya ɗore, kuma ina ganin don ya fi sanin ɗan Adam ne, mai faɗuwa ya tashi ya sake faɗuwa. A 1215 Taron Lateran na Huɗu ya wajabta furci aƙalla sau ɗaya a shekara ga duk wanda ya yi hankali. Akwatin katakon nan mai raga kuwa sai a ƙarni na 16 ya yaɗu, daga Milan, zamanin Bishop Borromeo.

A ƙauyenmu, ina yarinya, ba mu da akwatin. Fada kan zo a kan babur jefi-jefi. Katikis ya kafa kujera a gindin ɗorawa bayan coci, a ɗaura zane tsakanin sanduna biyu, a shimfiɗa buhu inda za a durƙusa. Fada ya rataya siririn ƙyallen nan mai launin shunayya a wuya, ya juya gefe, ya tokare kunci da hannu. Katikis ya ja layi a ƙasa da sanda can nesa, ba mai ƙetarewa sai na gabansa ya taso, matan zumunta kuma suna ta waƙa ƙasa-ƙasa don kada iska ta kwaso magana. A layin nan na ga mai unguwa tsaye bayan yaron da ke masa kiwon awaki, hula a hannu, yana jiran nasa. Babu wani wuri a ƙauyen da za a ga haka.

Abin da aka faɗa a kan buhun nan, nan yake mutuwa. Dokar 1215 ta ce firist ɗin da ya fallasa a tuɓe shi, a kai shi gidan rahibai ya yi ta tuba har ƙarshen ransa. Dokar yau ta ce nan take ya fita daga zumuntar Ikilisiya, kuma Roma ce kaɗai ke iya kwance shi. Ba zai gaya wa Sista ba, ko shugabar makaranta, ko ni da na haife ki. Ciki ba don tuwo kaɗai aka yi shi ba.

Amma ki buɗe kunne da kyau a nan. Sirrin nan Fada ya ɗaure, bai ɗaure ki ba. In wani, ko wane ne shi, ko da farar riga a jikinsa, ya yi miki tambayar da ta wuce abin da kika kawo, ko ya nemi ku haɗu a wani wuri, ko ya ce kada ki gaya wa mamanki, ki tashi ki fita, ki sanar da ni a ranar. Irin wannan ya faru a ƙasashe da yawa. Ikilisiya kanta ta lissafa shi cikin manyan laifuffukan da firist zai iya aikatawa, kuma an cuci yara masu yawa saboda manya sun fifita sunan coci a kan kukan yaro. Haka nan in wani ya taɓa ki inda bai kamata ba, wannan ba zunubinki ba ne da za ki kai furci. Ƙara ce, kuma wurina za ki kawo ta. Ba zan taɓa ganin baƙinki a kan wannan ba.

Ki kuma yi hattara da furcin cikin taro, in an kira ku gaba a zumuntar ɗalibai. Farkawar da ta taso daga Gahini ta Ruwanda a shekarun 1930, ta bazu Yuganda da maƙwabta, an san ta da mutane su miƙe cikin taro su faɗi laifinsu su mayar da kayan da suka sata, kuma ta gyara rayuka da dama. Sai dai magana zarar bunu ce, wadda ta fita gaban ɗari ba ta komawa, kuma takan jawo sunan wanda bai yarda a ambace shi ba. Shawarata, faɗin furci ya tsaya iyakar faɗin laifin. Wanda kika yi gaban aji, ki gyara gaban aji. Wanda ke tsakaninki da mutum ɗaya, ki same shi shi kaɗai.

Ga kuma abin da yara suka fi mantawa. Gafara ba ta mayar da kayan mutane, ƙafarki ce za ta mayar. Littafin Ƙidaya sura 5 ya ce mai laifi ya furta, ya biya cikakke, ya ƙara kashi ɗaya cikin biyar. Zakka mai karɓar haraji ya yi alkawarin biyan ninki huɗu ga duk wanda ya cuta. Kawunki Musulmi zai gaya miki su ma tuba ba ta cika sai da nadama, da barin laifin, da ƙudurin ba za a koma ba, da mayar da haƙƙin mutane. Ba su da mai sauraro a tsakani, amma a kan haƙƙi bakinmu ɗaya. Akwai wani dattijo a ƙauyenmu da ya yi shekaru yana cin iyakar gonar wata gwauruwa, kowace damina taku ɗaya ko biyu. Wata safiya bayan Ista aka gan shi da fartanya yana tumɓuke gambar iyaka, yana mayar da ita inda take tun zamanin mijin matar, da kaka kuma ya aika mata da damman dawa a kan jaki. Ba wanda ya san abin da ya faɗa a gindin ɗorawa, ba kuma wanda ya tambaya.

Ga yadda za ki yi. Daren da za a wayi gari Fada ya zo, ki sami wuri ki zauna shiru, ki tambayi kanki wa kika cuta, me kuma kika ƙi yi alhali kin san ya kamata. In kin durƙusa, ki fara da wanda ya fi miki nauyi, in ba haka ba za ki yi ta kewaye har ki tashi da shi. Ki faɗe shi da sunansa, a gajarce, ba tare da labarin wanda ya tsokane ki ba, ba tare da sunan kowa ba. Kada kuma ki zarce ɗaya gefen. Luta, lokacin yana rahibi, yakan yi har awa 6 yana furci, ya fita ya tuna wani ya dawo, har uban ruhaniyarsa Staupitz ya ce masa ya kawo laifi na gaske ya bar ƙananan abubuwan da ba su kai ba. Na san halinki, kina iya damun kanki haka. Abin da kika manta ba da gangan ba yana cikin gafarar, abin da aka riga aka kwance kuma kada ki sake tono shi. In Fada ya ɗaga hannu ya fara addu'ar kwancewa, ki daina lissafi a zuci, ki kasa kunne har ƙarshe. Yara da yawa suna ɗokin tashi ne, sai su wuce abin da suka zo ji. Abin da ya ɗora miki ki yi shi a ranar, in kuma akwai wadda kika ɓata wa a ɗakinku, ki same ta kafin a kashe fitila.

Babanki yana gaishe ki, yayyenki ma haka. Na ɗaura miki ƙuli-ƙuli da garin kunu, za su zo ranar ziyara, ki raba da 'yan ɗakinku. Ki gaishe mini da Sista.

Mahaifiyarki mai ƙaunarki.